Inda Duniyoyi Biyu Suka Haɗu: Darasi Daga Tafkin Kainji

A littattafan almara da finafinan Turawa akan kawo labarin wata duniya da ke tafiya kafaɗa da kafaɗa da tamu, sai wata rana shingen da ke tsakaninsu ya rushe, su gauraya. A ilmin fiziya ma akwai makamancin wannan tunani, musamman ra'ayin da Hugh Everett ya gabatar a Amurka a 1957, cewa mai yiwuwa duniyoyi da yawa ne ke wanzuwa lokaci guda. Har yau ba gwajin da ya tabbatar da shi, kuma a ra'ayin nasa duniyoyin rarrabuwa suke yi; zancen haɗewarsu ƙarin gishirin masu almara ne. Amma tambayar da ke ƙunshe a ciki ta cancanci nazari: idan mazaunai biyu masu dokoki daban suka haɗu, wa zai rayu, wa zai ɓace? Ɗaliban Yauri, Ngaski da Shanga suna da amsar a bakin ƙofarsu.

A 1968 aka toshe Kogin Kwara da madatsar Kainji. Ruwa ya ja da baya, ya haifar da tafki mai tsawon kimanin kilomita 130, ya cinye gonaki, dazuzzuka, tsibirai da tsohon garin Bussa. An sake wa mutane fiye da 40,000 matsuguni, cikinsu har da Gungawa masu zaman tsibiri. Watau duniyar kogi mai gudu da duniyar tudu sun haɗu, suka haifi ta uku wadda ba kogi ba, ba tudu ba.

Mu dubi abin da ya sami kifi. Ciyayi da ganyayen da ruwa ya binne suka ruɓe, suka saki sinadaran gina jiki. Ƙananan tsirrai da ido ba ya gani suka yawaita, masu cinsu suka samu abinci. Faliya, mai cin laka da ruɓaɓɓen ganye, ta cika tarunan Sarkawa a shekarun farko. Kamun kifi ya haura tan 28,000 a 1971. Da wannan gara ta ƙare, masunta kuma suka ƙaru, sai ya faɗo ƙasa da tan 5,000 kafin ƙarshen shekarun 1970. Kifayen dangin miligi, waɗanda suka saba farautar tsutsotsin ƙwari a ƙasan ruwa mai gudu, suka ragu ƙwarai, domin a watannin zafi ruwan sama-sama ba ya cuɗanya da na ƙasa, iskar oksijin ta yi ƙaranci a zurfi. Karfasa mai son kwantaccen ruwa ta bunƙasa, haka nan warangi, ɗan ƙaramin kifin da ke yawo garke-garke a tsakiyar tafki. Ba wanda ya zuba su. Suna nan tun da, sabon yanayi ne ya ba su sarari.

Haka abin yake wajen cututtuka. Baƙin ƙuda mai yaɗa cutar makanta yana hayayyafa ne a kan duwatsun da ruwa ke gudu da ƙarfi, don haka ya rasa wurin zama inda tafki ya nutsar da su. Katantanwa mai ɗauke da tsargiya kuwa ta sami gida a gaɓa mai ciyawa. A ganina wannan shi ne ɓangaren da ya fi kamata malamai su jaddada, domin yara ne suka fi wanka a bakin ruwa.

Akwai wata haɗuwar da ke maimaituwa kowace shekara. Daga Agusta zuwa Oktoba farin ruwa yake zuwa, watau ambaliyar damunarmu, ɗauke da laka. Baƙin ruwa kuwa saman da aka yi ne a tsaunukan Gini. Yakan yi watanni yana ratsa fadamun Mali, lakarsa ta kwanta a can, ya iso nan garau daga Disamba zuwa Fabrairu, a tsakiyar rani. Daga nan tafkin ya riƙa janyewa saboda samar da lantarki da kuma zafin rana, har tsayinsa ya sauka da kusan mita 10. Filin da ya bari rabin shekara na kifi ne, rabi na manoma da makiyaya: ciyawar burgu da ta ɓoye 'ya'yan kifi ita ce shanu za su ci. Wanda ya ƙone ta ko ya zuba maganin ƙwari barkatai a nan, kifin baɗi ya taɓa.

Ga aiki ga 'yan aji. A zaɓi wuri ɗaya a gaɓa, alal misali kusa da Yelwa ko Wara. A ɗebi ruwa cikin kwalba mai haske a Satumba, a sake ɗiba a Janairu, a bar kowace ta kwana biyu, a auna kaurin lakar da ta kwanta. Sa'an nan a tambayi dattawan masunta sunayen kifayen da suke kamawa kafin 1968, a kwatanta da abin da ake saukewa yau. Kada kowa ya shiga ruwan. A ɗaura kwalbar a bakin sanda.