Kwaɗo da Danginsa

Kwaɗo dabba ce da ke fara rayuwa a cikin ruwa, ta ƙarasa ta a kan tudu. Masana sun kasa irin waɗannan dabbobi gida uku: akwai kwaɗi, akwai salamanda mai wutsiya, akwai kuma wasu marasa ƙafa masu kama da tana. Gaba ɗaya ire-irensu sun haura 8,000 a duniya, kuma kwaɗi ne mafi yawa a cikinsu.

A Unguwar Boro, da ke kan hanyar Kachia a kudancin Kogin Kaduna, damina kan sauka wajen watan Afrilu ko Mayu, ta kai har Oktoba. Da zarar kududdufai da kwatoci da ramukan da aka haƙi ƙasar gini sun cika, sai kukan kwaɗi ya cika unguwa da dare. Maza ne ke yin wannan kuka. Namiji yana da wata 'yar jaka a maƙogwaro, wadda yakan hura ta kumbura, sautin ya ƙara kauri. Kiran mata yake yi, kuma kowane iri da nasa kiran.

Idan mace ta amsa, sai namiji ya hau bayanta ya rungume ta a cikin ruwa. Tana sakin ƙwai, shi kuma yana zuba musu maniyyi. Ƙwan ba shi da ɓawo, wani abu ne mai yauƙi ke lulluɓe shi. Kwaɗon gida, mai kaushin fata, yakan jera ƙwansa baƙaƙe cikin dogon zare kamar carbi, a nannaɗe jikin ciyawar bakin ruwa. Mace ɗaya tana iya zuba dubbai.

Cikin 'yan kwanaki ƙwan ya ƙyanƙyashe. Abin da ke fitowa ba ya kama da iyayensa ko kaɗan: kai ne da wutsiya kawai, yana numfashi a ruwa irin na kifi, yana kankarar gansakuka. Sannu a hankali ƙafafun baya su fito, daga baya na gaba. Huhu ya tsiro a ciki. Wutsiyar ba yankewa take yi ba, jiki ne ke shanye ta har ta ƙare. Duk wannan yakan faru cikin 'yan makonni, kuma tsere ne da rana, domin in kududdufi ya ƙafe kafin ƙafafu su fito, dukkansu sun halaka. Waɗanda suka tsira sukan baro ruwa lokaci guda, ƙanana, ba su wuce farcen yatsa ba, su bazu a kan hanya bayan an ɗauke ruwa. Wannan ne ya sa wasu ke cewa daga sama suke faɗowa. Ba haka ba ne, daga kududdufin da ke kusa suka fito.

Kwaɗo ba ya shan ruwa da baki. Ta fatar cikinsa yake tsotsar danshi, kuma wani ɓangare na numfashinsa ma ta fata yake yi. Shi ya sa ake samunsa a gindin randa da bayan banɗaki. Da rani wasu kan haƙa rami su shige ƙasa, su kwanta ba ci ba motsi har sai ruwa ya dawo.

Abincin babban kwaɗo ƙwari ne: gara, gyare, kyankyaso, tsutsa, fara. Duk wanda ya tsaya kusa da fitilar ƙofar gida a daren da shinge ya fito zai ga aikinsa. Yakan zauna shiru, ƙwaro na giftawa ya wurga harshensa mai danƙo ya janyo shi, ya runtse ido ya haɗiye. Mai lambun alayyafo ko tumatir a bakin rafi yana da ma'aikaci na kyauta, ko da bai sani ba. Shi ma kwaɗon abinci ne ga macizai da balbela da zalɓe da tarwaɗa.

Kwaɗon gida yana da kumburi biyu a bayan idanunsa, masu fitar da wani farin ruwa mai dafi. Kare in ya cafke shi, sai bakinsa ya yi kumfa ya saki. Taɓa shi ba ya kisa, amma wanda ya riƙe shi ya wanke hannu da sabulu kafin ya taɓa ido ko abinci. Wannan ba a cin sa. Wanda ake ci shi ne burduddugi, babba mai santsin fata, wanda ake kamawa a fadamun Arewa, a ƙyafe shi, a kai shi kasuwannin kudancin Nijeriya.

Salamanda kuwa babu ita a Nijeriya, ba ta ma zaune a ƙasashen kudu da Sahara. Wata mai ratsin rawaya da baƙi tana rayuwa a yammacin Amurka ta Arewa, daga kudancin Kanada zuwa arewacin Meksiko. Tsawonta na iya kaiwa santimita 30. Siffarta ta ƙadangare ce, amma rayuwarta ta kwaɗo: ƙwai a ruwa, girma a tudu, ɓuya a rami. Wasu daga cikinsu ma ba sa barin ruwa, a nan suke girma har su hayayyafa.

Wani babban bincike da aka fitar a 2023 ya nuna kusan kashi 41 cikin 100 na ire-iren waɗannan dabbobi suna cikin haɗarin ƙarewa. Fatar da ke tsotsar ruwa ita ce ke tsotsar guba. Saboda haka kada a wanke tankin feshi a rafi, kada a zubar da baƙin mai a kwata, a kuma rufe bakin rijiya don kada kwaɗo ya faɗa ya mutu ya ɓata ruwan sha.