Darasi na Tara: Sarkin da Faransawa Suka Naɗa a Damagaram

Ya kai ɗalibi, duba taswira ka nemo birnin Zinder, arewa da Kano, a Jamhuriyar Nijar. Nan ce fadar Damagaram, wadda ta shahara da ganuwa da bindigogi da fatauci zuwa Tarabulus.

A shekarar 1898 aka kashe wani hafsan Faransa, Kyaftin Cazemajou, a Zinder bisa umarnin Sarki Ahmadu Kuren Daga. A watan Yulin 1899 sojojin Faransa suka zo ɗaukar fansa. Suka ci Damagarawa a yaƙin Tirmini, suka shiga birni, daga baya suka kashe sarkin. Sai suka ɗora ɗan'uwansa Ahmadu ɗan Bassa a gadon sarauta, suna zaton sun sami ɗan amshin Shata.

Ka lura da tsaka mai wuyar da sabon sarkin ya shiga. Baƙi na neman haraji da hatsi da raƙuma ta hannunsa, talakawa kuwa shi suke gani idan an kwashe musu rumbu. Fadawa da malamai sun san bindiga ce ta naɗa shi. In ya biya wa Faransawa bukata, girmansa ya zube a gida. In ya karkata ga jama'arsa, ya zama abin tuhuma a bariki. A ganina, wannan kujera ba ta zaunuwa, ko wane ne a kanta.

A 1906 Faransawa suka zarge shi da ƙulla makircin hallaka su. Suka tuɓe shi, suka kai shi Kwaddibuwa, suka danƙa mulki ga Ballama, wani bawan sarki. Shi ma bai sami karɓuwa ba, domin ba jinin sarauta ba ne. Mulkin mallaka dai ya ci gaba, amma a 1923 sai da suka mayar da sarauta gidanta, aka naɗa Barma Mustafa.

Faransa ta taɓa yin irin wannan a Meziko: ta naɗa Maximilian a 1864, da sojojinta suka janye aka harbe shi a 1867.

Aiki

1. Me ake nufi da "ɗan amshin Shata"?
2. Me ya hana jama'a karɓar Ballama?
3. Tambayi dattawan Kagoma ko Kafanchan yadda ake zaɓen sarki a garinku, ka rubuta jimloli biyar.