Amsar Tambaya: Fitar da Ɗan Haya daga Gida

Wani mai gida a Gaya ya tambayi ko yana da ikon kwashe kayan ɗan hayar da ya daina biya, tunda gidan nasa ne.

Mallakar gida ba ta ba shi wannan iko, domin doka ta hana mutum ƙwatar haƙƙinsa da ƙarfin tuwo, ko ta cire kwanon ɗaki ne, ko canja kwaɗo, ko watsa tukwane da katifu a ƙofar gida. Kotun Ƙoli ta Najeriya ta jaddada haka a 1986, lokacin da ta yi tir da gwamnatin soja ta Legas saboda fitar da Ojukwu daga wani gida alhali shari'a tana gaban kotu.

Hanyar da ta dace ita ce ba da notis, wato rubutacciyar sanarwar tashi, wadda wa'adinta kan zama wata 6 ga mai hayar shekara, wata 1 ga mai biyan wata-wata, idan yarjejeniya ba ta yanka wani wa'adi ba. Bayan wa'adin ya cika sai sanarwar kwana 7, sannan ƙara a kotu, kuma ma'aikatan kotu ne kaɗai ke zartar da hukuncin.

Idan an ƙulla haya da baki, abin da ya fi wuya shi ne hujja, shi ya sa ya kamata mai tambaya ya fara kai maganar gaban mai unguwa ko dagaci, a rubuta bashin da ranar tashi a gaban shaidu.