MENE NE "HALI" A BAKIN MALAMAN SUFAYE?

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah Ubangijin talikai, Mai jujjuya zukata yadda Ya so. Tsira da aminci su tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu, da alayensa, da sahabbansa, da waɗanda suka bi su da kyautatawa har ranar sakamako.

Bayan haka, ya 'yan'uwa masu karatu, darasinmu na wannan mako a kan kalma ɗaya ne tak, wato "hali". Abin da ya jawo shi kuwa, wani ɗalibi ne ya tare ni da tambaya bayan mun tashi daga karatu. Ya ce, "Allah ya gafarta Malam, ina jin ana cewa hali ya zo wa wane a wurin zikiri, ko kuwa wane ma'abocin hali ne, kada a yi masa magana. Ni kuwa abin da na sani tun ina yaro, hali zanen dutse ne. To, yaya abin da aka zana a dutse zai zo wa mutum da la'asar, ya sake shi kafin magariba?" Tambayar ta yi ma'ana, kuma ba shi kaɗai take damu ba. Rashin gane wannan kalma ya sa wasu sun yi sakaci da salla suna ganin sun kai, wasu kuma sun ɗebe tsammani suna ganin sun lalace.

ASALIN KALMAR

Da farko a sani cewa kalmomi biyu ne muke rubutawa iri ɗaya da boko, amma a baki sun bambanta. Ta farko ita ce wadda muke faɗa a gajarce, mai nufin ɗabi'a, kamar a ce halin kirki, ko mugun hali. Ita ce ta cikin karin maganar da ɗalibin nan ya kawo, kuma ita ce Larabawa ke kira huluƙu. Ta biyu kuwa jan ta muke yi, mu ce "haali", kamar a ce halin da ake ciki, ko ba ni da halin zuwa. Wannan ta biyun ita ce "haal" ta Larabci, jam'inta "ahwaal", kuma a kanta muke magana yau.

Tushenta a Larabci yana nufin juyawa daga wani yanayi zuwa wani. Daga tushen nan ne aka sami "haulu", wato shekara, domin tana kewayowa, kamar yadda muke ji a babin zakka. Wanda ya karanta Ajurumiyya kuma zai tuna da babin hali a nahawu, inda ake bayyana yanayin da mutum ke ciki a lokacin da ya yi aiki. Idan aka ce Audu ya shigo yana dariya, dariyar nan ita ce halin, kuma kowa ya san anjima kaɗan za ta wuce. Ashe ke nan malaman sufaye da gangan suka zaɓi wannan kalma, domin su nuna cewa abin da suke nufi mai zuwa ne ya tafi.

HALI DA MAƘAMI

A wurinsu, hali shi ne wani yanayi da ke sauko wa zuciyar bawa daga Allah, ba da dabararsa ba, ba kuma da ƙoƙarinsa ba. Mutum yana cikin salla ko karatun Alƙur'ani, sai tsoron Allah ya lulluɓe shi har jikinsa ya ɗauki rawa, ko kuwa wani farin ciki ya cika masa ƙirji, ko ya ji kamar babu kowa a duniya sai shi a gaban Ubangijinsa. Bai kira abin ba, kuma in ya tashi tafiya ba shi da ikon tsare shi.

Abokin tafiyar wannan kalma shi ne "maƙami", wadda muka ara muke cewa muƙami idan an ɗaukaka ma'aikaci. Ma'anarta matsayi, wato inda mutum ya tsaya da ƙafafunsa. Imam Alƙushairi, mutumin Naisaburi, ya bayyana bambancinsu a cikin Risalarsa da ya rubuta a shekara ta 437 bayan Hijira. A taƙaice, halaye kyauta ce, maƙamai kuwa da aiki ake samunsu. Da Hausa muna iya cewa maƙami gidan da ka gina ne da guminka, hali kuwa baƙon da ya sauka a gidan, baƙo kuwa raɓa ne.

Tun kafin Alƙushairi, Abu Nasar Assarraj, wanda ya rasu a shekara ta 378 bayan Hijira, ya lissafa maƙamai 7 a littafinsa Alluma'u. Su ne tuba, da tsantseni, da gudun duniya, da nuna bukata ga Allah, da haƙuri, da tawakkali, da yarda da hukuncin Allah. Ya kuma lissafa halaye 10, wato kiyaye cewa Allah Yana ganin bawa, da kusanci, da ƙauna, da tsoro, da kyakkyawan fata, da bege, da ɗebe kewa da Allah, da natsuwa, da gani da idon zuci, da sakankancewa. Wannan lissafi kuwa ba wahayi ba ne, domin malamai sun saɓa a cikinsa. Misali, malaman Hurasan suna sa yarda a cikin maƙamai, na Iraƙi kuwa suna sa ta a cikin halaye. Haka nan sun saɓa a kan daɗewar hali. Imam Junaidu na Bagadaza yana ganin wucewa yake yi kamar walƙiya, Alharisu Almuhasibi kuwa, wanda ya rasu a shekara ta 243, yana ganin yana iya daɗewa.

KO YANA DA ASALI A ADDINI?

Sunan dai malamai ne suka ƙaga shi daga baya, kamar yadda suka ƙaga sunayen da ke cikin nahawu da fiƙihu. Amma abin da sunan ke nufi yana nan cikin Littafin Allah. A aya ta 2 ta Suratul Anfali, Allah Ya siffanta muminai da cewa zukatansu suna razana idan an ambace Shi. A aya ta 23 ta Suratuz Zumar kuma Ya ambaci yadda tsigar jikin masu tsoron Ubangijinsu ke tashi saboda Alƙur'ani, sannan jikinsu da zukatansu su yi laushi. Buhari ya ruwaito cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya sa Abdullahi ɗan Mas'udu ya karanta masa Suratun Nisa'i, da ya kawo aya ta 41 sai ya tsai da shi, ga idanunsa masu albarka suna zubar da hawaye.

Hadisin da ya fi fito da maganar fili shi ne wanda Muslim ya ruwaito game da Hanzalatu, ɗaya daga cikin marubutan Annabi. Wata rana ya gamu da Sayyidina Abubakar, ya gaya masa cewa yana tsoron ya zama munafuki. Dalilinsa kuwa, idan suna gaban Annabi ana yi musu wa'azin wuta da Aljanna, sai su ji kamar suna ganinsu da ido, amma da sun koma cikin mata da 'ya'ya da gonaki sai su manta da yawa. Sayyidina Abubakar ya ce shi ma haka yake ji. Suka tafi tare suka kai kukansu. Annabi ya sanar da su cewa da za su dawwama a kan yanayin da suke ciki a gabansa, da mala'iku sun riƙa yin musafaha da su a kan shimfiɗunsu da hanyoyinsu, amma abin lokaci ne bayan lokaci.

To, ɗan'uwa, kai da ka sha kuka a goman ƙarshe na azumi, sannan bayan salla ka ji zuciyarka ta bushe, kada Shaiɗan ya raɗa maka cewa Allah Ya kore ka. Abin da ya same ka ya sami waɗanda suka fi ka. Baƙo ne ya tafi, kai dai ci gaba da sharar gida.

IDAN HALI YA YI ƘARFI

Wani lokaci hali yakan rinjayi mutum har ya manta da kansa da abin da ke kewaye da shi. Wannan shi ne sufaye ke kira fana'i, wato ƙarewa, ko sukuru, wato maye, dawowa cikin hayyaci kuma su kira shi sahawu. Masu magana a kan haka sukan kawo aya ta 143 ta Suratul A'arafi, inda Annabi Musa, amincin Allah ya tabbata a gare shi, ya faɗi sumamme lokacin da dutse ya niƙe. Amma a lura da abin da ya yi da ya farfaɗo: tsarkake Allah ya yi, ya kuma tuba.

Nan ne wurin santsi. Maganar da ta fito daga bakin wanda hali ya rinjaya ba a gina hukunci a kanta, ba a kuma koyi da ita. Labarin Alhallaju, wanda aka kashe a Bagadaza a shekara ta 309 bayan Hijira, ya isa ishara, domin har yau malamai ba su gama saɓani a kansa ba. Hukuncin fiƙihu kuwa a sarari yake. A mazhabarmu ta Malikiyya gushewar hankali yana warware alwala, kuma wanda ya suma ba ya rama sallar da lokacinta ya fita yana sume, amma da zarar ya farfaɗo cikin lokaci salla ta hau kansa. Saboda haka wanda ya san hanyar kasuwa, ya san ƙidayar kuɗi, ya san tuwo ya yi sanyi, ba shi da wani hali da zai ɗauke masa salla. Masu fakewa da aya ta ƙarshe ta Suratul Hijri, inda aka yi umurni da bauta har yaƙini ya zo, su sani malaman tafsiri sun ce yaƙinin nan mutuwa ake nufi. An gaya wa Imam Junaidu labarin masu cewa wanda ya san Allah yakan kai inda zai ajiye ayyuka, sai ya nuna cewa ɓarawo da mazinaci sun fi mai wannan magana dama-dama.

A nan ƙasarmu ma muna da abin koyi. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, wanda aka haifa a 1754 ya rasu a 1817, ya ba da labari da kansa na buɗin da Allah Ya yi masa yana da shekara 36, da abin da ya gani a shekara 40 da 'yan watanni. Duk da haka bai ajiye karantarwa ba, bai kuma ajiye shari'a ba. Sauran rayuwarsa a kan raya sunna da gyaran jama'a ta ƙare.

YADDA AKE GANE NA GASKIYA

Faɗuwa da kururuwa ba su ne shaida ba. Mai farfaɗiya yana faɗuwa, kuma hakkinsa ne a kai shi asibiti. 'Yar bori ma tana faɗuwa. Akwai kuma mai faɗuwa don a ce da shi wane. An ruwaito cewa an tambayi Muhammadu ɗan Sirina game da masu suma idan an karanta Alƙur'ani, sai ya ba da shawarar a ɗora mutum a kan katanga a karanta masa, in ya faɗo to da gaske yake.

Ma'aunin da ya fi wannan shi ne na Imam Gazali, wanda ya rasu a shekara ta 505 bayan Hijira. A cikin Ihya'u Ulumiddini ya nuna cewa abubuwa uku ne a jere: ilmi yana haifar da hali, hali kuma yana haifar da aiki. Wanda ya san zunubi guba ne, nadama za ta kama zuciyarsa, nadamar kuwa ita za ta sa ya bar saɓon, ya mayar wa mutane hakkinsu. Haka kuma ayar Anfali da muka ambata, aya ta 3 da ke biye da ita tsai da salla da ciyarwa ta ambata.

Ku dubi marina. Marini yakan tsoma farin zane a cikin baba, ya tsamo shi, ya bar shi ya sha iska, ya sake tsomawa. Ba a barin zanen a cikin ramin har abada, amma kowace tsomawa tana barin launi, har ya zama shuɗin da wanki ba ya fitarwa. Idan aka tsoma zane sau goma ya fito fari fat, to, a binciki ruwan, ba baba ba ne. Haka mutumin da kullum hali ke kayar da shi a wurin zikiri, amma da safe mudunsa na awo bai cika ba, matarsa ba ta tsira daga bakinsa ba, bashin da ya ci bai biya ba.

Wannan ita ce amsar da na ba ɗalibin nan. Haalin da ake ja, mai zuwa ya tafi, aikinsa shi ne ya gyara halin da ba a ja, wanda ke zaune da mutum har kabari. Saboda haka wanda bai taɓa ɗanɗana ba kada ya yi gaggawar ƙaryata bayin Allah, wanda ya ɗanɗana kuma ya ɓoye abinsa, ya riƙe farilla, ya nemi malami masanin shari'a ya riƙa auna kansa a wurinsa. Wanda kuma ya yi shekaru yana ibada bai ji kome ba, kada ya damu, domin ranar ƙiyama aiki za a tambaye shi.

Allah ya gyara mana zukatanmu da halayenmu, ya sa mu cika da imani. Allah ne Mafi sani. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Wassalamu alaikum wa rahmatullahi.