Bashin Gina Gida: Lissafin da Ya Kamata Iyali Su Yi Kafin a Sa Hannu

A Nguru da Gashuwa, iyalai da yawa na masu bi ma'aikata ne da ke zaman haya. Akwai ma'aikatan jinya a Cibiyar Lafiya ta Tarayya da ke Nguru, akwai malamai a Kwalejin Ilimi ta Umar Suleiman da kuma Jami'ar Tarayya ta Gashuwa, wadda aka kafa a 2013, ga kuma 'yan sanda da malaman firamare. Kowace shekara, idan lokacin biyan haya ya zo, maigida da uwargida sukan koma kan magana guda: yaushe za a sami gida na kai? Wasu sun yi adashi sun sayi fili, sun zuba bulo, ginin ya tsaya a kan taga shekara da shekaru. Wasu kuma sun fara tunanin karɓar bashin banki, a jinginar da gidan, a riƙa cirewa daga albashi wata-wata.

Hausawa sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa, don haka cin bashi saboda muhalli ba abin kunya ba ne. Abin da yakan jawo nadama shi ne a ci shi ba a san nauyinsa ba. Wanda ya je neman lamuni yakan yi tambaya ɗaya tak, wato nawa za a riƙa cirewa a wata, idan ya ji albashinsa zai ɗauka sai ya miƙa hannu a ba shi alƙalami. Tambaya ta biyu, wadda ta fi ta farkon muhimmanci, ita ce: idan an gama biya, nawa aka biya gaba ɗaya? A cikin Luka sura 14 Ubangiji ya yi misali da mai shirin gini wanda ya kamata ya fara zama ya lissafta abin da aikin zai ci. Ya yi maganar ne a kan almajiranci, amma da abin da kowane magini ya sani ya yi ta, shi ya sa masu sauraro suka gane nan take.

Asusun da ake cire wa ma'aikaci

Ma'aikacin gwamnatin tarayya da ya duba takardar albashinsa zai ga wani ɗan kuɗi da ake cirewa kowane wata da sunan NHF. Wannan shi ne Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda doka ta kafa a 1992, ana cire kashi 2.5 cikin ɗari na albashi ana zubawa a ciki. Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, shi ke kula da asusun. Wanda ya yi aƙalla wata 6 yana zubi yana da ikon neman lamuni ta hannun bankin jinginar gidaje da aka amince da shi, a kan ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, a biya cikin wa'adin da bai wuce shekara 30 ba. Mutane da yawa an yi shekaru ana cire musu wannan kuɗi ba su taɓa tambayar ko na mene ne ba.

A ƙasar nan kashi 6 ruwa ne mai sauƙi ƙwarai. Amma ko shi, sai an bi shi da fensir da takarda kafin a ga girmansa.

Yadda kuɗin wata yake rabuwa

A ɗauki misalin wani ma'aikaci a Nguru da ya karɓi naira miliyan 5 a kan kashi 6, zai biya cikin shekara 30. Za a riƙa cire masa kimanin N29,978 kowane wata, har sau 360. Wannan adadi ba ya canzawa daga farko har ƙarshe, amma a cikinsa akwai kaso biyu: kuɗin ruwa, da abin da ke rage uwar kuɗi. Rabon da ke tsakaninsu shi ne yake canzawa.

Banki yana lissafa ruwa ne a kan abin da ya rage bai karɓa ba. Kashi 6 a shekara daidai yake da rabin kashi ɗaya a wata. A watan farko ana bin mutumin miliyan 5 cif, ruwan watan kuwa N25,000 ne. Ke nan daga cikin N29,978 da aka cire masa, N4,978 kaɗai ne ya taɓa uwar kuɗin. A wata na biyu bashin ya ragu da wannan ɗan kaɗan, ruwan ma ya ragu da kimanin naira 25, sai abin da ke shiga uwar kuɗi ya ƙaru da naira 25 ɗin. Haka abin yake tafiya, a hankali kamar tafiyar hawainiya.

Bayan shekara 10, mutumin ya biya kusan naira miliyan 3.6. Idan ya je banki ya tambayi sauran bashinsa za a ce masa kimanin N4,184,000. A nan ne mutane da yawa sukan ɗaga murya su ce an cuce su, alhali babu wanda ya taɓa musu ko kwabo ba bisa ƙa'ida ba. Abin da ya shiga uwar kuɗi cikin shekarun goma bai kai N820,000 ba, sauran duk ruwa ya sha. Sai a cikin shekara ta 19 ne kason uwar kuɗi yake fara rinjayar kason ruwa a biyan wata, kuma sai an cika shekara 21 kafin a ce an biya rabin bashin. Ɗaya rabin yana tafiya da sauri cikin shekara 9 na ƙarshe. Ranar da aka gama, jimlar abin da ya fita daga albashinsa ta kai kimanin N10,792,000. Ya karɓi miliyan 5, ya mayar da su, ya ɗora kusan miliyan 5.8 a kai.

Da a ce shekara 20 ya zaɓa, biyan wata zai zama N35,822, ruwan duka kuma kimanin miliyan 3.6. A shekara 15, N42,193 ne a wata, ruwan kimanin miliyan 2.6. Mai karatu zai lura cewa tsakanin shekara 30 da shekara 20 bambancin biyan wata bai kai N6,000 ba, amma bambancin ruwa ya haura naira miliyan 2. Dogon wa'adi yana sauƙaƙa wata, yana tsawwala jimla. Ma'aikacin banki da ya ba da shawarar a tsawaita wa'adi don cirewar ta yi sauƙi bai yi ƙarya ba, rabin labarin ne dai ya faɗa.

Akwai kuma hanya ta tsakiya ga wanda yake tsoron ɗaure kansa da babban biya. Idan ya karɓi na shekara 30, amma yana ƙara N5,000 a kan biyan kowane wata, zai gama cikin kimanin shekara 21, ya tsira da kusan naira miliyan 2 na ruwa. Dalili kuwa, duk abin da aka ƙara kai tsaye yake sauka a kan uwar kuɗi, kuma nairar da aka biya da wuri ba za ta sake haifar ruwa ba har ƙarshen wa'adi. Sai dai a tabbatar a rubuce cewa bankin ya yarda da biyan ƙari ba tare da tara ba, kuma yana saka shi a kan uwar kuɗi.

Kashi 6 ba ɗaya ba ne a ko'ina

Wasu masu ba da rance, har da wasu ƙungiyoyin gama kai na wuraren aiki, a kan uwar kuɗin farko suke lissafa ruwa daga farko har ƙarshe, ko da an biya rabinta. A irin wannan lissafi, kashi 6 na miliyan 5 shi ne N300,000 kowace shekara, cikin shekara 30 ya zama miliyan 9, maimakon miliyan 5.8. Suna ɗaya, nauyi daban. Saboda haka wajibi ne a tambaya: a kan abin da ya rage ake lissafi, ko a kan abin da aka karɓa?

Bankunan kasuwanci kuwa wani labari ne. A ƙarshen 2024 Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 cikin ɗari, kuma a kewayen wannan ma'auni bankuna suke yanka nasu. A ce an sami miliyan 5 ɗin nan a kan kashi 25, a biya cikin shekara 10: biyan wata zai kai kimanin N113,750, wanda N104,167 daga cikinsa ruwa ne a watan farko, jimla kuma ta haura naira miliyan 13.6. Mafi ƙarancin albashi da aka amince da shi a 2024 N70,000 ne. Ga yawancin ma'aikatan Gashuwa da Nguru, wannan ƙofa ce da bai kamata ko a ƙwanƙwasa ba. Irin wannan bashi sau da yawa ruwansa yana hawa idan na Babban Banki ya hau, don haka adadin da aka faɗa ranar sa hannu ba lallai ne ya tsaya a nan ba. Bankunan da ba sa karɓar ruwa, irin su Jaiz da ya fara aiki a 2012, suna da nasu tsarin na ciniki ko haya da riba, kuma ƙofarsu a buɗe take ga Kirista da Musulmi. A can ma tambayar ba ta canza ba: nawa ne jimlar abin da za a biya?

Adalci ne a faɗi ɗaya gefen. Tsadar kayayyaki, wadda ta haura kashi 34 cikin ɗari a ƙarshen 2024, tana rage darajar naira, tana kuma rage nauyin bashin da ruwansa yake tsaye. N29,978 na shekara 20 masu zuwa ba za su sayi abin da suke saya yau ba, haya tana hawa, siminti da kwano da rodi suna hawa, biyan wata kuwa yana nan inda yake. Shi ya sa lamunin kashi 6 ba abin gudu ba ne ga wanda ya cancanta, ko da jimlarsa ta ba da tsoro a takarda. Sharaɗin shi ne albashi ya ci gaba da shigowa, domin tsadar da ke rage nauyin bashin ita ce kuma take cinye kuɗin cefane da na makarantar yara.

Abin da takardar banki ba ta nunawa a shafin farko

Ƙa'idar da ake bi ita ce biyan wata kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da mutum yake samu. Mai son biyan N29,978 yana bukatar samun kimanin N90,000 a wata, mai son na shekara 15 kuma kimanin N127,000. Ana kuma duba shekarun aiki da suka rage. Yawancin ma'aikatan gwamnati suna ritaya ne a shekara 60 da haihuwa ko 35 da fara aiki, don haka mai shekara 45 ba zai sa ran wa'adin shekara 30 ba, lissafin shekara 15 ne nasa.

Sai batun takarda. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta sa filayen birane a hannun gwamna, kuma ba a jinginar da fili sai da takardar shaidar mallaka da amincewar gwamna. Takardar ciniki mai sa hannun mai unguwa da dillali da shaidu tana da daraja a cikin gari, amma banki ba ya karɓarta a matsayin jingina. Neman takardar gwamnati yana nufin kuɗin safiyo, kuɗin rajista, kuɗin lauya, da zirga-zirga zuwa Damaturu, kuma daga aljihun mai nema duk waɗannan suke fita tun bai ga ko sisi na lamunin ba. Haka nan akan nemi mai karɓar babban lamuni ya kawo wani kaso na kuɗin gidan daga wurinsa. Tun 2022 hukumar fansho ta ƙasa ta yarda mai asusun fansho ya yi amfani da har kashi 25 cikin ɗari na abin da ya tara don wannan kaso. Taimako ne, amma guzurin tsufa ne ake tsakura, kuma ya kamata uwargida ta san da haka kafin a yi.

Wurin da fili yake ma lissafi ne. Gashuwa tana bakin kogin Yobe, Nguru kuma tana gefen fadamun Haɗeja da Nguru, kuma ambaliyar 2022 ta rushe gidaje da yawa a ƙasar Bade. Fili mai araha a kwari yana iya zama mafi tsada a gari. Idan ruwa ya ci gida, bashin yana nan daram. Haka kuma idan aka yi wa ma'aikaci canjin wurin aiki, ko iyali suka bar gari, kamar yadda wasu suka yi a shekarun tashin hankali daga 2011 zuwa 2014, cirewar wata tana bin albashi duk inda ya je. Iyalin da asalinsu daga Fika ne, ko kudancin Borno, ko Filato, suna bukatar su zauna su yanke shawara tun da wuri ko a wurin aiki za su yi ginin ko a gida, domin wanda ya sayar da gidan jingina bayan shekara 10 sai ya fara cika wa banki miliyan 4 da ɗoriya daga kuɗin cinikin kafin ya ga nasa.

Kafin a sa hannu, mai nema yana da ikon ya roƙi jadawalin biya, takardar da ke nuna kowane wata daga na farko har na ƙarshe, da ruwansa da uwar kuɗinsa da abin da ya saura. A kawo ta gida, maigida da uwargida su duba ta tare, su sa yaron da ya iya lissafi ya ninka biyan wata da yawan watanni, a cire abin da aka karɓa, a rubuta abin da ya rage a ƙasan takardar. A kuma tambayi bankin a rubuce ko akwai inshorar rai da ta gobara da ta ambaliya a cikin lamunin, nawa ake cirewa dominsu, da abin da zai faru da gidan idan wanda ya sa hannu ya rasu bashin bai ƙare ba. Kwafin amsar da na takardar fili su kasance a inda uwargida ta sani.