Yadda Ake Neman Kotu Ta Janye Umarnin Wucin-Gadi

Sau da yawa ɗan kasuwa ba ya sanin an kai shi ƙara sai ranar da banki ya shaida masa cewa kotu ta hana taɓa asusunsa, ko kuma ma'aikacin kotu ya liƙa takarda a ƙofar sitonsa. Irin wannan umarni na wucin-gadi alƙali kan bayar da shi ne a bayan idon wanda ake ƙara, bisa takardar rantsuwar mai ƙara kaɗai, domin kada dukiyar da ake jayayya a kanta ta salwanta kafin a saurari ɓangarorin biyu. Mai hatsi ko taki a sito ya san abin da jinkirin mako biyu ke jawowa.

Dole ne a bi umarnin ko da an tabbata bisa kuskure aka bayar da shi. Wanda ya karya shi ya raina kotu, kuma ana iya ɗaure shi.

Kuskuren da aka fi yi shi ne garzayawa Kotun Ɗaukaka Ƙara. Sashe na 14 na dokar wannan kotu ya ce ba a ɗaukaka ƙara a kan umarnin da aka bayar a bayan idon wani. Hanyar ita ce lauya ya koma gaban alƙalin da ya bayar da umarnin, ya shigar da buƙatar a janye shi ko a sassauta shi, tare da takardar rantsuwar da ke warware zancen mai ƙara.

Hukuncin da lauyoyi suka fi dogara da shi a nan shi ne na Kotun Ƙoli a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Nijeriya a 1989, wadda ta taso daga rikicin shugabancin bankin Societe Generale. Kotun ta bayyana cewa ba a bayar da umarni a bayan idon mutum sai akwai gaggawa ta haƙiƙa, irin wadda jiran a sanar da shi zai sa a yi ɓarnar da ba ta gyaruwa. Mai ƙarar da ya san matsalar tun watanni, ya naɗe hannu, sannan ya zo yana kukan gaggawa, shi ya ƙirƙiro wa kansa ita. Haka kuma wajibi ne ya faɗi gaskiya dukkanta, har da wadda ba ta yi masa daɗi ba. In an nuna ya ɓoye cewa an biya shi rabin bashin, alal misali, wannan kaɗai yana iya rusa umarnin. Saboda haka rasit da takardun banki sun fi dogon jawabi amfani a wannan mataki.

Akwai kuma alkawarin biyan diyya da kotu kan karɓa daga mai ƙara. Idan daga baya ta tabbata bai cancanci umarnin ba, wanda aka cutar yana iya neman a ƙididdige hasararsa a biya shi. 'Yan kasuwa da dama kan manta da wannan haƙƙi da zarar an buɗe asusun.

Shi kansa umarnin yana da wa'adi, gwargwadon ƙa'idojin kowace kotu. A Babbar Kotun Jihar Legas kwana 7 ne, sai fa in alƙali ya tsawaita shi.

Idan alƙali ya saurari ɓangarorin biyu, ya kuma bayar da umarnin da zai ci gaba har ƙarshen shari'a, a nan ne ƙofar ɗaukaka ƙara ke buɗewa. Sashe na 241 na tsarin mulkin 1999 ya ba da wannan dama ba tare da neman izini ba, amma cikin kwana 14 ake shigar da takardar, kuma shigar da ita ba ya dakatar da umarnin sai an nemi hakan daban.