FILIN MANOMA: Faɗa A Kan Iyakar Gona

Da ruwan shuka ya sauka, rigimar iyaka ta kan tashi. A ce maƙwabta biyu ne, ɗaya ya ga an ci masa kunya biyu ko uku, magana ta yi zafi, ya ɗaga fartanya ya buga wa ɗan'uwansa. To, daga wannan sa'a shari'a ta zama biyu. Ta gona dabam, ta duka dabam. Alƙalin da aka kai wa ƙarar duka ba ya raba gona. Abin da ya ke bincike shi ne wa ya buga, da me ya buga, kuma wane irin rauni aka yi. Saboda haka mutum ya kan kasance gonar tasa ce, amma shi za a ɗaure.

Dokar Final Kod, wadda aka yi wa Jihar Arewa a 1959 ta fara aiki a 1960, ta raba rauni kashi biyu. Ƙaramin rauni ta yanka masa ɗaurin da zai iya kai shekara 1, ko tara. Babban rauni kuwa, watau karya ƙashi ko haƙori, ko ɓata ido, ko ciwon da ya hana mutum aikinsa har kwana 20, ta yanka masa har shekara 7. In da makami aka yi, kamar adda ko gatari, hukuncin ya ƙaru. Jihohi da dama sun yi wa dokar gyara, waɗansu kuma sun kafa dokokin Shari'a tun daga 2000, amma babu inda aka yarda mutum ya karɓi gonarsa da sanda. Dokar ta ba mutum iko ya kāre kansa da dukiyarsa, amma fa ba ya wuce gwargwadon bukata ba, kuma ba sa'ad da akwai halin kai kuka ga hukuma ba.

Wanda aka yanke wa hukunci bai gamsu ba yana da ikon ɗaukaka ƙara, watau afil. Daga kotun majistare a kan tafi Babbar Kotun Jiha, sa'an nan Kotun Ɗaukaka Ƙara, sa'an nan Kotun Ƙoli. Yawanci kwana 30 ne a ke ba shi don afil na farko, saboda haka ba a cewa sai an gama girbi. Kotun sama ba ta kan sāke kiran shaidu. Takardun shari'ar farko ta ke dubawa, ta ga ko alƙali ya yi kuskure. Tana iya tabbatar da hukunci, ko ta soke shi, ko ta rage, ko ta ce a sāke shari'a. Afil kaɗai ba ya fid da mutum daga kurkuku, sai ya roƙi beli dabam an ba shi. Kafin a gama, sau da yawa an sayad da sā ko buhunan gyaɗa an biya lauya da kuɗin mota.

Akwai kuma ɗaurin talala. Kowane manomi ya san talala: an sakar wa akuya igiya ta yi kiwo, amma turke yana nan. Haka kotu ta kan saki mai laifi ya koma gida bisa sharaɗi. Jihar Arewa ta yi dokar wannan a 1957. Dokar Tarayya ta shari'ar laifuffuka ta 2015 ta sāke tsara shi, Kaduna ta yi irin tata a 2017, Kano a 2019. Alƙali ya kan duba shekarun mutum, da lafiyarsa, da halinsa na dā, da ƙanƙantar laifin, da abin da ya tunzura shi. In ya ga ya dace, sai mutumin ya ɗauki alkawarin zaman lafiya na wani lokaci, wanda dokar 2015 ta ce ba zai wuce shekara 3 ba. A kan kuma sa shi ya biya wanda ya ji wa ciwo diyya. In ya karya sharaɗi, ko da sāke takalar maƙwabcin nan ne, sai a komo da shi a hukunta shi a kan laifin farko. Wannan sassauci ne na alƙali, ba hakkin kowa ba ne, kuma wanda ya sāri mutum da adda kada ya sa rai.

Amfaninsa ga manomi a fili ya ke. Wanda aka ɗaure wata 6 daga watan Yuni ya rasa noman fari da maimai da girbi, iyalinsa kuwa sai su ci da awo har wata kaka. Wanda ya sami talala yana gonarsa.

Amma rigakafi ya fi magani. Manomi ya kafa iyakarsa da abu mai rai, tun da dutse a kan gusad da shi da dare. Gamba a kan tsaga tushenta a dasa in ruwa ya zauna, ga ta kuma da amfani wajen zana. Dashi da aguwa da bini-da-zugu kuwa rassansu a ke yanka a kafa gab da faɗuwar damina. A yi dashen maƙwabci yana tsaye, da mai unguwa. In aro ne ko jingina, a rubuta takarda, shaidu su sa hannu, domin yawancin rigima daga gonar aro da ta gādo ta kan fito bayan dattawan da suka san asali sun rasu. Dokar Ƙasa ta 1978 ta ba ƙananan hukumomi ikon ba da takardar mallakar gona a karkara, mai hali ya nema.

In kuwa an riga an ci iyaka, manomi ya ajiye fartanya ya tafi wurin mai unguwa, daga nan dagaci, daga nan hakimi. In ba a shirya ba, ya kai ƙarar gona kotu, ya ci gaba da noma inda babu gardama har a yanke.